Romon Gidan Kawu Nardu

Minica maƙwabciyata ce tun muna amare, a ƙauyenmu da ke bayan garin Trapani, can ƙasar Italiya. Ita da mijinta Cataldo kyandir suke yi wa coci da kakin zuma. Hannunta ya fi nasa kyau nesa ba kusa ba, amma sunansa ake kira.

Bayan yaƙin duniya, Kawu Nardu, wanda ko ban ruwan gona ba a yi sai da izininsa, ya ce su riƙa yi masa lemon bogi na kaki mai rami a ciki. A ɗura farar hodar maye, a jera cikin akwatin lemon gaske, jirgi ya kai Amurka. Wa ya isa ya ce masa a'a? Suka yi shekaru suna yi, har ranar da 'yan kwastan suka fasa wani akwati, aka ce ai wani ne ya yi surutu. Wai Cataldo, mutumin da gaisuwa ma da kyar yake amsawa! A bakin rijiya aka tsinci gawarsa.

A wajenmu ba a hura wuta a gidan makoki, maƙwabta ke kawo abinci. Ban ma sauke nawa ba, sai ga matar Kawu Nardu ta riga kowa, da tukunyar romon kaza.

"Sannu da rashi, 'yar'uwa. Maigida ya ce ki sha da zafinsa."

Liborio, ɗan Minica tilo, ya miƙe. "Inna, kada ki taɓa!"

Duk ɗakin mun san ma'anar. In tukunyar nan ta koma a cike, gidan ya ce zai rama ke nan, kuma Liborio ne na gaba.

"Zauna, sarkin zafin kai," in ji Minica. "Miƙo min cokali."

Ta sha. Ta zuba masa, ta tsaya a kansa sai da ya haɗiye a gaban matar. Ni kam sai na fita waje.

Liborio ya rayu, ya yi aure, ya haihu. Amma bai sake cin abincin hannunta ba, ita kuma ta ci gaba da yin lemon kaki har idonta ya mutu. Da muka tsufa na tambaye ta yadda ta iya haɗiye romon nan.

"Oho," ta ce. "Tun ranar ba na jin ɗanɗanon komai."