Ranar da Muka Daka Gero a Bloomsbury

Ku matso kusa, ku kasa kunne, mai tauna ya haɗiye tukuna. Wannan ba ta gizo ba ce, da idona na gani.

Shekarar da ɗana ya ɗauko ni daga gida ya sauke ni a Thamesmead, can ƙasar Turawa, a hawa na bakwai na wani dogon gini mai launin toka, na tarar da jikata tana 'yar shekara tara. Sunana aka sa mata, shi ya sa ubanta ba ya kama sunan, sai dai ya ce Uwata. Yarinya ce mai kunne. Sai ta tsaya a bakin lif ta ce mini wai kukansa in zai hau daban yake da in zai sauka. Har firji takan kara wa kunne. Na ce a nema mata addu'a, uwarta ta yi ta dariya.

Cikin kayan da suka biyo ni har da turmina da taɓare biyu. Sau ɗaya tak na yi daka a flat ɗin. Matar da ke ƙasanmu ta hauro tana dukan ƙofa, bayan kwana kaɗan takardar gargaɗi ta iso daga council, hukumar da ke da ginin. Aka kife turmin a lungu, aka ɗora masa tukunyar fure. Ashe wannan dakan guda ya zauna a kunnen yarinyar.

Ta girma ta karanci kiɗa. Ita ba ta waƙa, ba ta kaɗawa, rubutawa take yi a takarda wasu su kaɗa. Kuma ba kiɗan rawa ba ne. Za ka ji kamar ƙofa na kuka, sai dogon shiru, sai a karci goge. Ubanta kuwa mai haɗa magani ne, ita ma can ya so ta bi. Da aka ba ta wani zaure a Bloomsbury ta nuna aikinta na farko, sai ya zaunar da ita.

“Uwata, zan zo in ji sau ɗaya. In na ji aiki a ciki, na sa miki albarka. In hayaniya ce, ki koma karatun magani.”

Ta ce, “To, Baba. Deal.”

Ta ari turmina. Saura kwana biyar a nuna aikin ta ce in raka ta wurin gwaji, muka hau jirgin ƙasa daga tashar Abbey Wood. Na tarar da masu goge huɗu, da 'yan mata biyu Turawa masu kiɗan ganga, doguwa da gajera, kowace da taɓaryata a hannu, idonsu a kan takarda. Suka fara kirɓa turmin, babu ko ƙwaya a cikinsa. Ƙwal, ƙwal, kamar ana buga ƙofar kango. Ban san sanda na miƙe ba.

“Ku tsaya!”

A garinmu ba a dukan turmi wofi. Mahaifiyata, Allah ya jiƙanta, cewa take yi kiran yunwa ne.

Na ce, “Ke takwara, duk karatun nan ba a gaya miki turmi ba ganga ba ne?”

“Kaka, sound ɗin nake so, ba tuwo ba.”

“To shi ma ba ki samu ba. Turmi da abin cikinsa yake magana.”

Washegari muka sayi gero a shagon 'yan ƙasarmu. Na yayyafa masa ruwa na surfa, sautin ya fito a jiƙe. Na bakace a faifai, dusa na tashi. Na mayar na shiga ribɗi, muryar turmin ta yi ƙasa, tana ƙara laushi, tana ƙara laushi, har ya zama gari. Jikata tana zaune a ƙasa, idonta a rufe. Can ta tambaye ni minti nawa yake ɗauka, don ita sha biyu ta rubuta.

Na ce, “Gero bai san agogo ba. In ya yi, hannu ne zai gaya miki.”

Ta ɗauki alƙalami ta soke rabin abin da ta shekara tana rubutawa. Ta ce wa masu goge su bi turmi, in gari ya yi kiɗa ya ƙare. Suka yi ta gunaguni. Gajerar kuma tafin hannunta ya yi bororo, doguwar ba ta iya gane gari daga tsaki. Jikata ta durƙusa gabana ta ce in hau dandamali in daka da kaina. Ni, da furfurata, a gaban jama'a! Na ƙi. Sai na tuna sharaɗin ubanta, na ga yarinyar nan a bayan kantar magani tana sauraron firji. Na ce, “To. Amma ki sani ba kiɗa zan yi ba, daka zan yi.”

Ranar Asabar ce, bayan azahar. Ɗana yana layi na uku, ya harɗe hannu. Muka fara ni da doguwar, taɓarya na sauka taɓarya na tashi, goge na bin mu a hankali. Ana tsakiyar ribɗi hannuna ya tuna lugude. Na cilla taɓarya sama, na tafa, na cafe. Wallahi zauren ya ɓace mini, sai tsakar gidanmu, da inuwar darbejiya, da yayata a ɗaya gefen turmin. Da na ji gari ya yi, na jingine taɓarya. Goge ya yi shiru.

Mutane suka yi ta tafi. Ɗana bai tafa ba. Sai da aka watse ya hauro, ya sa hannu a turmin, ya murza garin tsakanin yatsunsa. Ya daɗe yana kallonsa.

Ya ce, “Inna, da wannan nake tashi daga barci ina yaro.” Ya juya wurin 'yarsa. “Uwata, Allah ya yi wa aikinki albarka.”

Da garin muka dama kunu washegari.

Jikata tun daga nan ba ta sake sa wa kiɗanta agogo ba. Ta yi wanda ke ƙarewa in ƙanƙara ta narke, ta yi wanda ke bin mai kaɗin zare. Ana kiranta ƙasashe, tana kuma koyarwa. Ubanta ya yi ritaya, yana zuwa duk inda za a kaɗa nata, har yau yana cewa bai gane ba. Doguwar ta iya surfe fiye da 'yan matan birni, duk sallah tana zuwa cin tuwo. Gajerar ta koma ganga abinta. Matar da ke ƙasanmu ta tashi tuni. Turmin yana da akwatinsa mai laushin ciki, ya je garuruwan da ban taɓa takawa ba. Ni kuwa kafaɗa ta daina ɗaga taɓarya, ina nan bakin taga ina jin lif yana hawa yana sauka. Gaskiyar yarinyar ce, kukan ba ɗaya ba ne.

Iyakar abin da na gani ke nan, wanda ya ji ya riƙe.