Gwandar da Na Ɗaura wa Zane

Na daɗe ina ɗaukar alƙalami ina ajiyewa, don tsoron kada in faɗi abin da ba daidai ba. Yau dai na daure.

Shekarun baya, kafin a samu 'yancin kai, muna zaune a Kakuri, mahaifina yana aikin jirgin ƙasa. Na shuka gwanda a bayan ɗakin girki. Kullum sai na duba ta safe da yamma, har ina tona gindinta in ga ko saiwar na nan. Ta girma, ta yi fure fari mai ƙamshi a kan dogayen sillaye, amma duk ya zube, ko ɗa ɗaya babu.

Baba ya ce, “Namiji ce. Ranar Lahadi zan sare ta.”

Abinci ya gagare ni. Maƙwabciyarmu, wata 'yar ƙabilar Ibo mai sayar da garin rogo, ta ji ina kuka ta bayan zana. Ta ce, “Yarinya, ɗaura mata zane. A garinmu in ta ga an mai da ta mace, kunya za ta sa ta haihu.”

Sai wata damuwar ta taso: anya ba zunubi ba ne? Na tambayi mahaifiyata har ta gaji. Ta wurgo mini tsohon zanenta, ta ce, “Ungo, uwar tsoro. Allah ba zai kama ki a kan suturta bishiya ba.”

Lahadi Baba ya fito da adda. Ya tsaya yana kallon gwanda da ɗaurin ƙirji. Ya yi dariya har ya dafa bango.

“Wannan ai zanen uwarki ne. Wa ya isa ya ɗaga mata adda?”

Haka ta tsira. Ba ta taɓa haihuwa ba, amma gwandar maƙwabciyarmu ta yi 'ya'ya har sai da aka tokare ta. Mahaifiyata ta ce ƙwarin da ke shan furen tawa su ke kai wa waccan albarka. Duk wadda ta nuna, sai an miƙo mini rabi ta saman zana, a ce, “Ga rabon uban 'ya'ya.”

Har yau ban tabbatar ba, kuma abin yana damuna. Don Allah masu ilimin noma, ku faɗa mini: da gaske tawa ce uban, ko lallashina kawai suka yi?