Igiyar Kawu Mai Sili Uku

Jiya ɗiyata ta karanto mini wata baƙuwar kalmar Turanci daga ƙamus. Ta ce ba kasafai ake jin ta ba, ana faɗinta ne ga abu guda mai siffa uku. Ban riƙe kalmar ba. Igiyar marigayi Kawu ce ta faɗo mini a rai.

Kawu ba ya tufka igiyar rama sai da sili uku. 'Yan kasuwar Illela biyu suke yi, su gama da wuri. Shi kuwa ya yini yana murza, har tafinsa ya yi kanta.

Ranar da na shiga yasar rijiyarmu ta Araba, su Kawu na jawo ni da igiyarsa, na kawo rabi, sai na ji ƙas a saman kaina. Igiya ta juya da ni, ƙasa na zubo mini a ido.

"Kawu, mi ya faru?"

"Sili ɗaya ya tsinke. Kada ka motsa, ɗana. Saura biyu, kuma ni na tufka su."

Muryarsa ko rawa ba ta yi ba. Sai da na fito na gane ya tsorata, har ya kasa kwance mini ƙullin.

Allah ya jiƙan Kawu, ya riƙe shi kamar yadda ya riƙe ni ran nan.