Ƙisasin da Mahauci Ya Nema

Duk lokacin da na shiga jirgin ƙarƙashin ƙasa a Paris na ga hoton wani ɗan wasan silima na Koriya mai karkataccen hanci, sai na yi tasbihi, domin a gabana hancin nan ya karye.

Na taso daga La Courneuve, a gefen Paris, zuwa Rillieux-la-Pape, a gefen Lyon, ziyarar wani aminina, mahauci mutumin Damagaram, wanda yake jiran a sabunta masa takardar zama. Mun fito daga sallar la'asar, sai ga wasu ƙarti sun tasa wani dattijo a gaba da sandunan ƙarfe. Yana ƙasa, jini ya wanke masa fuska, ɗayansu ya take masa wuya. Mu kuwa an karantar da mu cewa wanda ya ga zalunci, alhali yana da iko, da hannu zai kawar da shi. Aminina bai tsaya tambaya ba. Ya cafki na farko ya maka shi da bango. Ya juya zai kai wa na biyu gwiwar hannu, sai dattijon ya miƙe garau yana ɗaga hannuwa. Shi dukan ya samu. Na ji ƙarar ƙashin.

Sai a lokacin muka ga kamara a bayan wata mota. Ashe wasa ake ɗauka: sandunan roba ne, jinin farko rini ne. Na biyun kuwa na gaske.

Wata Bafaransa ta kira ƴan sanda. Aminina ya dube ni. "Malam, in suka rubuta ni, takardata ta tafi. Me shari'a ta ce?"

Na ce, "Ganganci ke wajabta ƙisasi, Alhaji. Naka kuskure ne."

"Da niyya na kai dukan, ko da ba shi na nufa ba. Ya rama, mu rabu."

Ya cire hula, ya durƙusa, ya miƙa fuska. Tafintan masu ɗaukar wasan ya fassara. Ɗan wasan, riƙe da hancinsa, ya yi magana mai tsawo. Ya ce ya fara sana'ar ne a matsayin wanda ake jefowa daga bene domin jarumi ya yi suna, haƙoransa na gaba duk na dashe ne, kuma tun yana saurayi ake dukansa a gaban jama'a, ba wanda ya taɓa shigowa cetonsa sai yau, ga kuwa ribar da ya samu.

Na zaci afuwa zai yi. Sai ya buɗe tafin hannu ya zabga wa mahaucin mari har ya kife, jini ya biyo kunnensa na hagu.

Da ƴan sanda suka iso, ɗan wasan ya ce musu hatsarin aiki ne tsakanin ƴan wasa biyu. Suka dubi hancin, suka dubi kunnen, suka koma motarsu. An sabunta takardar. Har yau aminina yana yanka a Lyon, sai dai mai son yi masa magana dole ya zagaya ta dama.