Kaset ɗin Yaya Dije da Namiji Bai Taɓa Gani Ba

Da azumin bana yayata Hajiya Dije ta cika shekara goma sha ɗaya da rasuwa a nan Jidda. Allah Ya jiƙanta. Masu karatu a gida ba su san ta ba, amma a unguwar Bani Malik duk wadda ta yi aure a zamanin bidiyo ta san wasanninta.

Gyaran amare ne sana'arta. Da ta gaji da yi wa amare bayanin zaman ɗaki suna sunne kai, sai ta ari kyamara, ta tara mu a falonta, muka fara wasan kwaikwayo kashi-kashi. Mata zalla ke yi, matan aure zalla ke kallo. Babu tsiraici, amma bakinmu ba linzami: mijin da ke juya wa matarsa baya a shimfiɗa, ciwon da mace ke ɓoyewa bayan haihuwa, duk a fili muke faɗa. Ni ce miji kullum, saboda kaurin muryata. In zura jallabiyar maigidana, a zana mini gashin baki da kwalli, in shigo ina muzurai. Dije na bayan kyamara tana dariya har hoton ya riƙa rawa. Ina kewar dariyar nan.

Kafin a fara ɗauka, sai ta yi wa kowacce alkawari cewa namiji ba zai gani ba. A kan haka mata suka cire lulluɓi, har da marasa iƙama, wato takardar zaman ƙasa, masu ɓoye fuska. Da kanta take kai kaset gidan biki, a kori yara, a kalla, ta ɗauke abinta.

Yanzu kaset-kaset ɗin suna hannuna, kuma damshin Jidda ya fara cinye su. Kwanan baya 'yarta Samira, mai kirana Khala, wato inna da Larabci, ta same ni.

"Khala, wallahi haram su ruɓe a kwali. Akwai mai shago a unguwar Bagdadiyya, zai juya mana su a waya. Duniya ta san Mama ce ta fara."

Na ce, "In zai juya, ido zai rufe?"

Ta yi kuka, ni ma na yi, don tana da gaskiyarta. Ina ganin matan yanzu suna irin maganganunmu a waya, kowa na kallo. Da Dije na nan, ina jin guɗa za ta yi musu, don ba ta son ƙumbiya-ƙumbiya. Amma su fuskarsu suka bayar da kansu. Namu matan, wasu sun rasu, wasu an mayar da su gida, babu wadda zan nemi izininta.

Sunan Dije ba zai shiga tarihin fim ba, kuma abin yana mini ciwo. Wata rana zan kunna kaset in tarar babu hoto, babu murya. Ranar zan sake rasa yayata. Amma gobe ƙiyama babu macen da za ta miƙe ta ce Dije ta ci amanarta.