Ranar da Kakana Ya Fito a Majigi

Ana gab da sa ranar aurena majigin nan ya ɓullo. Wani ɗan garinmu da ke zaune a unguwar Bromakoté, nan Abidjan, ne ya tono shi, ya bi mutane da shi ta waya. Tsohon abu ne, baƙi da fari. Wasu Turawan Norwe ne suka ɗauka a ƙauyenmu na Nijar tun Baba yana saurayi, suka nuna a talabijin ɗin ƙasarsu. Wani Bature na ta zuba da yarensu, babu mai jin ko kalma ɗaya.

Ni kam ban nemi tafinta ba. Bayan mata masu daka da masu jan ruwa a rijiya, sai ga wani dogon mutum yana feɗe akuya a bakin kasuwa, yana dariya. Goshin Baba ne sak. Nan take na gane kakana ne.

A kasuwar Adjamé, da Alhaji mai atamfa aka san Baba. Mu 'yan gida kaɗai muka san ɗan mahauta ne, kuma ko a tsakaninmu ba a furtawa. Wanda zan aura kuwa ɗan gidan malamai ne a unguwar Biafra, can Treichville, gidan da sai sun bi asalin yarinya har kaka da kakanni. Mutanenmu da abin haushi suke. Kowa na cin nama, amma ba mai son haɗa jini da wanda ya yanka.

Abinci ya daina shiga mini. Na ce, "Inna, in suka gani fa?" Ta ce, "Rufe mana baki, ki yi addu'a."

Ran Juma'a bayan an sauko daga masallaci, Malam, mahaifin saurayin nawa, ya zo da ƙanensa a tsayar da rana. Na kai musu ruwa. Ina juyawa ƙanen ya zaro waya ya ce, "Alhaji, ashe an sa garinku a tele. Duba ko za ka gane wani." Allah kaɗai ya san ko da gangan ya yi.

Na laɓe bayan labule, tsoro kamar ya kashe ni. A raina ina fatan Baba ya ce bai san kowa ba, shi ke nan, a wuce wurin.

Baba ya karɓi wayar ya nisanta ta da idonsa. Ya daɗe yana kallo. Ba shi da hoton mahaifinsa ko ɗaya, rabonsa da fuskar nan tun ranar da ya hau motar Abidjan. Sai na ga ya sa yatsa yana shafa gilashin.

"Malam," in ji shi, "mai wuƙar nan mahaifina ne. Don Allah a mayar mini baya in sake gani."

Ba a sa rana ba, ran nan ko wata rana. Da baƙin suka fita, Baba ya kira ni, idonsa jawur, ya ce in buɗe majigin a wayata. Ya nuna mini gefen tabarmarsa.

"Zauna, uwata," ya ce. "Ki gai da kakanki."