A Sake

Duk layin an san Yaya da abu biyu: gyaran janareta da gem ɗin faɗa na talabijin. Na farko ya riƙe masa gida, na biyu kuwa da shi ya hana ƙaninsa Auta sakat tun suna yara.

Dokarsu ɗaya ce: wanda aka kayar shi ke cewa "a sake." Auta ya faɗi kalmar nan har bakinsa ya saba, Yaya kuwa bai taɓa ɗanɗana ta ba. Wani tsoho mai sanda yake ɗauka a gem ɗin, ya lakaɗa wa Auta duka da yatsu masu baƙin mai, ya ce, "Sai ka girma." Auta ya yi aure, ya haihu, furfura ta fara leƙowa, bai girma ba. Da kamfanin gem ɗin ya cire tsohon a wata fitowa, Yaya ya yi fushi kamar ubangidansa aka kora daga aiki.

Sai ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kwantar da shi. Aka rufe shago. Ya koma zaman kujera a bakin taga, hannun dama a kan cinya, magana sai an roƙa.

Ana haka kamfanin ya fitar da gem ɗin na ƙarshe, cikakke, har da tsohon, ya ce daga wannan babu wani. Auta ya sayo ya haɗa a falo. Ba nasara yake nema ba, so yake yayansa ya sake kwaɗayin wani abu a duniya.

"Yaya, mutuminka ya dawo."

Yaya ya ɗora fad ɗin buga gem a gwiwa, ya fara latsawa da hagu. Auta ya riƙa sakin jiki ana dukansa.

"Kar ka raina ni," in ji Yaya da ƙyar.

Auta ya cusa hannunsa na dama ƙarƙashin cinya, shi ma ya buga da hagu tsakani da Allah. Tsohon ya faɗi, sandarsa ta yi gefe. Abin da Auta ya nema tun yana yaro ke nan, amma baƙin ciki ne ya kama shi. Ya ƙura wa bakin Yaya ido, yana jiran kalmar.

Yaya ya daɗe yana kallon tsohon a kwance. Ya yi murmushi da rabin baki, ya tura masa fad ɗin.

"Ka girma, Auta. Kashe gem ɗin."